Wayar Ofis

Ni ne mai riƙe wayar ofis a Laranto.
Bindiga ta Saje Davou ce, ankwa ta Inusa,
nawa aikin na ɗan yatsa ɗaya ne:
"Ɗago kai. Riƙe kwalin daidai ƙirji."
Ƙyas.
A jera kwalaben kodin a gaban gwiwa,
a baje tiramol kamar shanyar barkono,
kafin azahar 'yan jarida sun samu.

Asubahin wata Laraba, sanyin Jos na cizon kunne,
muka tarar da keke a bakin gadar Dilimi,
inji na aiki, direba ya kife,
yawu ya zubo har kan silifa.
A kujerar baya, yarinya cikin rigar makaranta
ta rungume kular abinci.
"Baba barci yake," in ji ta, "kar ku tashe shi."

Oga ya ce, "Ɗauka. Har da ita.
Shekara uku muna rubuta rahoto, ɓera ke karantawa.
Gani ya kori ji."

Na ɗauka.
Kafin in taɓa wuyansa in ji ko da rai, na ɗauka.
Sau huɗu, don na farko ya yi duhu.

Kada in ci amanar gaskiya: hoton ya yi aiki.
An garƙame kemis biyu a Gangare.
Wata mai tumatir ta tare ni a Taminus,
ta ce saboda shi ta laluba aljihun ɗanta,
ta riske shi bai yi nisa ba.
Ta sa mini albarka. Na ce amin.

Amma yarinyar, Barira sunanta.
A ajinsu yanzu malama ce kaɗai ke kiranta haka.

Shi kuma Tasi'u, shekara tara
yana dakon dankali a Farin Gada
har bayansa ya ƙi miƙewa.
Ƙwayar farko ta ciwo ce,
wani mai farar riga ya miƙa masa, har da "Allah ya sauwaƙe."
Wannan bai fito a hoton ba.
Waya ba ta ɗaukar jiya.

Ranar da muka fasa sito, katan saba'in,
lauyan mai kayan ya riga mu isa ofis.
Aka ce in mai da waya aljihu,
wai bincike bai kammala ba.
Ashe fuska ma ana belinta.

Ina da ƙane a Rikkos, Shafi'u,
maganarsa ta fara jan ƙafa tun bara.
Da shi ne a keken nan
da na tsaya tsakaninsa da hasken,
na lulluɓe shi da rigar sanyina.
Na san haka tun ina saita hoton.

Bayan wata bakwai Tasi'u ya zo,
kumatu sun dawo, takardar asibiti a hannu.
Bai zage ni ba. Da ma ya zaga.
"Kofur, na daina.
Amma duk mai keken da na je neman haya
sai ya ciro waya ya nuna mini ni.
A taimaka a goge."
Na goge a gabansa, huɗun duka.
Ya yi godiya har da rusunawa,
alhali ni da shi mun sani
gero ne ya zube a tsakiyar kaji.

Jiya an kawo samari shida daga Kabong.
Na ɗauki kwalabe, na ɗauki katan, da lambar kamfani,
na ɗauki ƙafafu goma sha biyu a kan siminti.
Oga ya juya wayar sama da ƙasa.
"Ina fuskokin?"
Na ce hannuna ne ya yi rawa.
Ya daɗe yana kallona,
sannan ya miƙa wa Inusa wayar.